Awo Biyu

Ni baduku ne a bakin kasuwar Tawa.
Shekara ashirin ina auna ƙafar mutane da zare,
ban taɓa auna mutum ɗaya sau biyu ba
sai da Barira ta fara tafiya.

Ta dama ta ɗara ta hagu.
Bara da faɗin yatsa ɗaya, bana ya kusa biyu.
Sai in yanka fata biyu da ba su san juna ba,
in ƙara wa na hagun ƙirgi ninki uku a ƙasa
don kada ƙugu ya karkace.

Ranar da ta zo duniya ungozoma har da shewa:
kilo biyar ba kaɗan, wannan ta ci tuwonta tun a ciki!
Mata na ɗaga ta da hannu bibbiyu suna barka.
Habsu kaɗai ta yi shiru,
ita ta san harshen ya cika bakin,
nono na bin gefe yana jiƙa zane,
cibiya ta yi tsaye kamar goruba.
Daren farko jikin ya ɗauki rawa.
Majo ya ce sukarin jini ne ya faɗi,
aka ɗaura ruwa,
na kwana tsugune jikin bangon likita.

Sunan abin, lokotoro ya rubuta mini.
Sunan Nasara biyu ne aka ɗinke wuri guda,
bakina ya ƙi ɗauka.
Na naɗe takardar na yi mata kube.
Ya ce jiki ne mai gaggawar girma,
mai gaggawa kuwa wani sa'in yakan wuce gona da iri,
a ƙoda, ko a hanta.
Ya ce ba kowane yaro ba, mafi yawa suna wucewa lafiya,
amma a riƙa leƙawa wata uku-uku
har ta kai takwas.
Bai ce daji ba. Ni na ce.
Ya gyaɗa kai.

Daji na san shi, na yi kiwo a cikinsa,
na san inda ƙaya take, na san sawun dila.
Wannan da ake cewa zai iya tsirowa
ƙarƙashin haƙarƙarin ɗiyata,
ta ina ake shigarsa?

Don haka muke zuwa eko.
A shafa mata abin nan mai sanyi a ciki,
ta ƙyalƙyale da dariya, harshe waje.
Allon ya yi ta haɗa hadari yana warwarewa,
ban iya karanta shi ba,
girar lokotoro nake karantawa.
Sau ɗaya hannunsa ya tsaya.
Ya koma baya. Ya danna. Ya yi shiru.
Na kai ƙarshen Fatiha ban san na fara ba.
Can ya ce: iska ce, me ta ci da safe?
Wake, in ji Barira.

Ina da wani zare da ba na awo ba.
Duk dawowa in ƙulla shi sau ɗaya.
Ƙulli ashirin ke nan, saura goma sha biyu.
Kuɗin kowane ƙulli takalma ne na mutanen da ban sani ba,
sau ɗaya kuma tunkiyar Habsu.

Tsofaffin takalmanta suna rataye a ƙusa bayan rumfa.
Ba su shiga ƙafar ƙanenta, ba su shiga ta kowa.
Wani Buzu ya taya ƙaramin ciki, wai zai rataya a mota,
na ce ba na sayarwa ba ne.

Jiya ta zo daga lakwal, ta miƙo mini ƙafa,
ta ce: Baba, na dama ya matse.
Na ɗauko zare.
Ta ce wannan karon ja take so,
kuma in bar ɓoye tudun, ta ga ana kallo ko na ɓoye,
in yi masa ado da kore.